Wa ke riƙe da mulki a daulolin Faranjawa na ƙasar Sham?

Auwalu:
Assalamu alaikum jama'a. Kullum aka tashi zancen Yaƙin Salibiyya sai a ce Fafaroma Urban na Biyu ya yi shela a 1095, Faranjawa, wato Turawan da suka zo yaƙin, suka ci Ƙudus a 1099, Salahuddini ya ƙwato ta a 1187, shi ke nan. Amma mutanen nan dauloli huɗu suka kafa: Ruha, Antakiya, Ƙudus da Tarabulus, kuma ba a gama tumɓuke su ba sai da Akka ta faɗi a 1291. Kusan shekara 200 ke nan. Yaya baƙi 'yan tsiraru suka mulki ƙasar da ko harshenta ba su ji? Wa ke karɓar haraji, wa ke yanke shari'a, yaya talaka Musulmi ya rayu a ƙarƙashinsu? Malam Habu, a taimaka mana.

Malam Habu:
Wa alaikumus salam Auwalu. Bakin zaren duka shi ne ƙarancin maza. Da aka ci Ƙudus, yawancin mayaƙan sun ɗauki alkawarinsu ya cika, suka koma gida. Fulcher, limamin fadar Sarki Baldwin na Farko, ya rubuta cewa akwai lokacin da baraden da suka rage ba su wuce 300 ba. Ko bayan masarautar Ƙudus ta yi ƙarfi, jerin baraden da hakimai ke ba sarki idan yaƙi ya tashi bai kai 700 ba.

To sarkin da ke da mayaƙa kaɗan haka ba ya iya taka hakimansa. Tsarin shi ne sarki ya ba ka ƙasa, ko ya yanka maka wani kaso na kuɗin kasuwar Akka duk shekara, kai kuma ka yi masa caffa, ka fito da doki da sulke idan ya kira. Waɗannan hakiman su ne ke zama a Babbar Majalisa, kuma ita ke duba wanda ya cancanci gadon sarauta, ita ke naɗa mai riƙon ƙwarya, ita ke shari'a tsakanin sarki da bardensa. Sarki ba ya ƙwace ƙasar mutum sai majalisa ta same shi da laifi.

Usama ibn Munƙiz, basaraken Shaizar, ya ga wannan da idonsa. Hakimin Baniyas ya kwashe musu garken tumaki alhali akwai sulhu, sai ya kai ƙara gaban Sarki Fulk. Sarkin bai yanke da kansa ba, barade shida ko bakwai ya tayar suka keɓe suka yi shawara, suka dawo suka ce a biya. Usama ya karɓi dinari 400, kuma ya ce hukuncin da barade suka yanke ko sarki ba ya iya sauya shi.

Sannan kada a ɗauka dauloli huɗun nan abu ɗaya ne. Mai Antakiya ba talakan sarkin Ƙudus ba ne, Rumawan Kustantiniya ma na cewa tasu ce.

Sulaimanu:
Malam, da girmamawa, ni wannan zance na majalisa da shari'a ba ya shiga kaina. Mutanen da suka yi wa Ma'arra kisan kiyashi a 1098, suka cika harabar Masallacin Aƙsa da jini a 1099, suka ƙona Yahudawa a wurin ibadarsu, suka mai da Ƙubbatus Sakhra coci, su ne za a ce suna da tsarin adalci? Bayan sun ci Ƙudus sun hana Musulmi da Bayahude zama a cikinta. Birnin ya yi kango har sai da Baldwin ya je tsallaken Urdun ya kwaso Kiristocin can ya zuba a ciki. Ƙarfin takobi ne kawai.

Malam Habu:
Duk abin da ka lissafa ya faru, Sulaimanu, ba mai musunsa. Adalcin da na bayyana na tsakanin masu doki ne, kuma Usama ya same shi ne don shi ma mai doki ne, jakadan Dimashƙa a lokacin da suke buƙatar Dimashƙa. Sai dai takobi shi kaɗai ba ya tara haraji shekara 200. Dole mu san abin da suka ɗora a kai.

Injiniya Musa:
Ni abin da ya tsaya mini shi ne shaidar Ibn Jubair, Ba'andaluse mai tsananin kishin addini, wanda ya ratsa daga Dimashƙa zuwa Akka a 1184. Ya ce ƙauyukan da ya bi ta wajen Tibnin na Musulmi ne, suna ba Faranjawa rabin amfanin gona, da jizya dinari ɗaya da ƙiraɗi biyar kowane kai, da ɗan haraji a kan itatuwa, gidajensu kuwa da kayansu na hannunsu. Abin da ya tayar masa da hankali shi ne manoman suna ganin sun fi 'yan'uwansu da ke ƙarƙashin sarakunan Musulmi samun sauƙi. A Akka ya tarar da malaman kwastan Kiristoci suna rubutu da Larabci, suna binciken kaya a hankali ba wulaƙanci. Ayarin fatake na kai da kawo alhali sojoji na yaƙi. Wannan ba maƙiyin Musulunci ne ya faɗa ba.

Baba Liman:
Musa ɗana, ka karanta rabi ka bar rabi. Shi Ibn Jubair ɗin ne ya ce ya ga fursunoni Musulmi ɗaure da mari suna aikin wahala, mata da ƙarafa a ƙafa, kuma ya ce ba uzuri ga Musulmi ya zauna a ƙasar sai dai mai wucewa. Sannan baƙo ne da ya yi 'yan makonni, mafi yawansu yana jiran jirgi.

Bari in kawo muku shaidar 'yan gida. Da yawanku kun karanta Umdatul Ahkam a zaure ko a Islamiyya. Mai littafin, Abdulgani Almaƙdisi, a ƙauyen Jamma'il kusa da Nablus aka haife shi, ƙarƙashin mulkin Faranjawa. Haka ɗan'uwansa Muwaffaƙuddini Ibn Ƙudama mai Almugni. Hakimin yankinsu, ɗan gidan Ibelin, inda wasu ke karɓar dinari ɗaya shi huɗu yake karɓa, yana kuma yanke wa mutane ƙafa. Mahaifin Muwaffaƙ, Shaihu Ahmad, yana huɗubar Juma'a, manoma na barin gona suna zuwa sauraro. Aka kai wa hakimi tsegumi cewa malamin nan na hana aiki, ya ƙudurta kashe shi. Shaihu ya tsere Dimashƙa a 1156, iyalinsa suka biyo baya a ɓoye, Muwaffaƙ yana ɗan shekara goma. Unguwar Salihiyya da ke gindin Dutsen Ƙasiyun su suka kafa ta.

Duk sanda na buɗe littafin nan nakan tuna cewa ɗan gudun hijira ne ya rubuta shi. Kada a gaya mini daɗin mulkin da ya kori irin waɗannan mutane daga gonakin ubanninsu.

Injiniya Musa:
Na ji, Baba. Amma ko a labarin naka ana Juma'a a ƙauyen, kuma sauran hakimai dinari ɗaya suke karɓa.

Malam Habu:
Nan ne maganganunku biyu suka haɗu. Manomi Musulmi ba shi da kujera a kowace majalisa, ba shi da inda zai kai ƙarar ubangidansa. Idan ya dace da hakimi mai hankali wanda ya san gona ba ta noma kanta, ya sami abin da Ibn Jubair ya gani. Idan ya faɗa hannun azzalumi, sai haƙuri ko hijira. Sauƙin da ake samu ba hakki ba ne da doka ta ba shi, lissafi ne na mai ƙasa. Faranjawa ba su da mutanen da za su noma alkama da zaitun da rake, don haka suka bar kowane ƙauye da ra'isinsa, wato dagaci, yana tara haraji yana sasanta ƙananan rigingimu, da tafinta a tsakaninsa da hakimi.

Dubi dokokin taron Nablus na 1120. Bafaranje ya kwanta da Musulma, a dandaƙe shi, ita kuma a yanke mata hanci. Musulmi ya sa tufafin Faranjawa, ya zama abin kamun hukuma. Ga kuma batun bayi: al'adar ƙasar ita ce bawa in ya shiga Kiristanci ya 'yantu, sai iyayen gida suka riƙa hana a yi wa bayinsu baftisma, har Fafaroma Gregory na Tara ya rubuto yana ƙorafi. Mutanen da suka zo da sunan addini, sai ga shi aljihu ya fi musu samun mabiya.

Bulus:
Salama gare ku. Ina so in sa baki don ana magana kamar Musulmi ne kaɗai a ƙasa, Kirista duka a sama. Kiristocin Sham na asali, masu bin cocin Girka, da Suriyani, da Armeniyawa, da Maruniyawa, a wurare da yawa su ne mafi rinjaye, musamman Ruha da Antakiya. Me Faranjawa suka yi musu? A Ƙudus da Antakiya sun ɗora nasu shugabannin coci na Latin a kujerun na Girka. A Ruha, basarake Toros Ba'armene ne ya gayyaci Baldwin, wanda daga baya ya zama Sarki Baldwin na Farko, ya mai da shi ɗa, ba a yi wata guda ba aka kashe shi a tarzoma Baldwin ya hau, a 1098. A kotun 'yan birni, masu yanke hukunci 'yan cocin Roma ne. A kotun kasuwa ce kawai za ka ga 'yan ƙasa huɗu da Faranjawa biyu suna zama, kowa na rantsuwa da littafinsa, Musulmi da Alƙur'ani.

Ba na cewa halinsu ɗaya da Musulmi. Manyan Armeniyawa sun yi auratayya da sarakuna, Maruniyawan Lubnan sun haɗe da cocin Roma wajen 1182, kuma binciken kufai ya nuna ƙauyukan da Faranjawa suka zauna, kamar Albira a arewa da Ƙudus, galibi a yankunan Kiristoci suke. Amma matakin sama na ɗan cocin Roma ne kaɗai. Kuma da daulolin suka rushe, baƙin sun hau jirgi sun tafi Kubrus, 'yan ƙasa aka bari da zargi.

Sulaimanu:
Wannan gaskiya ne Malam Bulus, na yarda da kai.

Hajiya Binta:
Kun cika zancen maza. Ni abin da ya ja hankalina a tarihin nan mata ne. Tunda maza na mutuwa da wuri a fagen fama ko su shafe shekaru a kurkukun Halab, doka ta yarda 'ya mace ta gaji ƙasa har da sarauta. Melisanda, 'yar Baldwin na Biyu, uwarta Ba'armeniya, ta hau tare da mijinta Fulk a 1131. Ya so ya ture ta gefe ya cika fada da mutanensa na Anju, hakiman ƙasa suka tsaya mata har ya sauko, bayan nan ba ya zartar da komai ba da saninta ba. Da ya faɗo daga doki wurin farauta ya mutu a 1143, ita ta riƙe mulki. Ɗanta Baldwin na Uku sai da ya ɗaura mata yaƙi a 1152, ya tsare ta a Hasumiyar Dauda, kafin ta sakar masa ta koma Nablus. Wannan ai mulki ne na gaske.

Zainabu:
Hajiya, Melisanda ɗaya ce. Dubi jikarta Isabela: aure huɗu. An raba ta da mijinta na fari ba da son ranta ba don a ba wani basarake Konrad sarauta ta hanyar aurenta. An kashe Konrad a Sur a 1192, ba a yi kwana goma ba aka ɗaura mata aure da Henri na Shamfan, tana da ciki. Ƙasa na buƙatar mai jan runduna, don haka magajiya ba ta da damar zama ba miji. Sarautar ta jininta ce, amma hakimai ke zaɓar wanda zai ci moriyarta.

Hajiya Binta:
Ƙanwata, wani lokaci su ke zaɓa, kuma zaɓin ya girgiza ƙasa. Konstans ta Antakiya ta ƙi duk manyan da aka kawo mata, ta auri wani barde baƙo marar ƙasa a 1153. Shi ne Rainal, Arnat na littattafan Larabci. Sibila kuma, yayar Isabela, da hannunta ta ɗora wa mijinta Gai kambi a 1186 alhali manyan hakimai ba sa son sa.

Injiniya Musa:
Malam Habu, yadda ka bayyana dagatai da tafintoci, ai kamar mulkin Lugga ne a Arewa, Bature a sama, sarakuna na tara masa haraji.

Malam Habu:
Akwai kama a ƙasa-ƙasa, amma bambancin ya fi yawa. Turawan Ingila sun bar sarakuna da alƙalai da fadodinsu, kuma akwai Landan a bayansu mai aiko da umarni da albashi. Faranjawa ba su bar wani sarki Musulmi a birni ba. Manyan gari da malamai ko an kashe su, ko sun yi hijira, shugabancin da ya rage bai wuce na ƙauye ba. Kuma ba wata gwamnati a Turai da ke mulkinsu. Sun zauna, sun haifi 'ya'ya a can, har sababbin zuwa na raina su suna cewa sun lalace da ɗabi'un gabas. Usama ya ba da labarin yadda Baraden Haikali, da suka mai da Masallacin Aƙsa hedikwatarsu, ke ware masa wuri ya yi salla, sai wani sabon zuwa ya cafke shi ya juya fuskarsa gabas, su ne suka janye shi suka ba shi haƙuri.

Auwalu:
Su waɗannan Baraden Haikali a ƙarƙashin sarki suke?

Malam Habu:
A'a, kuma nan ne wata ɓarakar take. Baraden Haikali, Dawiyya a wurin Larabawa, an kafa su wajen 1119, sai 'Yan Asibiti, wato Isbitariyya, da Fafaroma ya amince da su a 1113. Mutane ne da suka yi alwashin ba aure ba dukiyar kai, amma ƙungiyoyinsu na da gonaki a ko'ina cikin Turai, kuma Fafaroma kaɗai suke wa biyayya. Da hakimai suka kasa ɗaukar nauyin ganuwoyin kan iyaka sai suka riƙa miƙa musu. Mai Tarabulus ya ba 'Yan Asibiti ganuwar Hisnul Akrad a 1142, suka riƙe ta har Baibars, Sultan na Mamluk masu mulkin Masar, ya ci ta a 1271. Sojan da ya fi kowane horo a ƙasar, sarki ba shi da iko da shi.

Ga kuma 'yan kasuwar Italiya. Ba jiragen ruwa, ba a cin garin gaɓa, jiragen kuwa na Benis da Jenowa da Fisa ne. Kafin a ci Sur a 1124 an rubuta wa Benis kashi ɗaya cikin uku na birnin, da kotunsu da ma'auninsu da sassaucin haraji. Sarki ya sami tashar ruwa, ya rasa wani yanki na kuɗinta tun kafin ta zo hannu.

Baba Liman:
Kada kuma mu wanke namu. Abin da ya ba su shekarun nan rarrabuwar sarakunan Musulmi ne. Alƙali Alharawi ya je Bagadaza a Ramadan na 1099 yana kuka a fadar Halifa, ba a tura runduna ba. Malam Assulami ya yi ta kiran jihadi a Dimashƙa a 1105. A 1108 kuwa, a Tall Bashir, Ridwan na Halab ya haɗa kai da Tankared na Antakiya, Jawali na Mausil ya haɗa kai da Baldwin na Ruha, wanda daga baya ya zama Sarki Baldwin na Biyu, aka gwabza, kowane ɓangare Musulmi da Kirista. A 1140 Dimashƙa ta nemi Sarki Fulk ya kare ta daga Zanki, mai mulkin Mausil da Halab. Har raba amfanin gonar kan iyaka ake yi, a yankin Sawad kashi uku: na Dimashƙa, na Faranjawa, na manoma. Kuɗin zinarin Faranjawa ma kwaikwayon dinarin Faɗimiyya ne, da sunan Annabi (SAW) a jiki, sai wajen 1250 Fafaroma ya hana. Lamarin bai juya ba sai da Zanki ya ci Ruha a 1144, ɗansa Nuruddini ya haɗa Halab da Dimashƙa a 1154, Salahuddini ya ƙara da Masar.

Sulaimanu:
To ke nan ƙarfin Salahuddini ne ya kayar da su, ba wata rigimar majalisa ba.

Malam Habu:
Biyun ne suka gamu. Ba don ya haɗa Masar da Sham ba, da rigimarsu ba ta kashe su ba, sun sha yin ta a baya suna tsira. Amma duba yadda ta kasance. Baldwin na Huɗu kuturu ne, bai yi aure ba, ya mutu a 1185. Ɗan 'yar'uwarsa da ya gaje shi, yaro ne, ya mutu a 1186. Sibila da Gai suka hau da goyon bayan shugaban Baraden Haikali da Rainal. Raimon na Tarabulus, wanda ke riƙon ƙwarya, ya fusata har ya ƙulla sulhu da Salahuddini shi kaɗai. Rainal ya afka wa ayari a kusa da Karak alhali akwai yarjejeniya, sarki ya ce ya mayar da kaya, ya ƙi, ya ce shi ma sarki ne a ƙasarsa. Kafin yaƙin Hiɗɗin, Raimon ya ba da shawarar a tsaya wurin ruwa a Saffuriya, shugaban Baraden Haikali ya shiga tantin sarki da dare ya juya masa ra'ayi. Ranar 4 ga Yuli 1187 aka murƙushe su da ƙishirwa a Hiɗɗin. Kuma da yake an kwashe masu tsaron garuruwa don a tara barade kusan 1,200, ba wanda ya rage a bayan ganuwa. Ƙudus ta miƙa wuya ranar 2 ga Oktoba.

Zainabu:
Amma ai sun ƙara fiye da shekara 100 bayan nan. Wa ya mulke su?

Malam Habu:
Sau da yawa ba kowa, Zainabu. Masarautar ta koma siririn gaɓar teku, fada a Akka. Sarkin Jamus Farederik na Biyu ya auri magajiya a 1225, ya karɓo Ƙudus daga Alkamil na Masar ta hanyar sulhu a 1229, harabar Masallacin Aƙsa ta zauna hannun Musulmi. Da ya so ya riƙe iko shi kaɗai kamar yadda yake yi a ƙasarsa ta Sisili, hakimai ƙarƙashin gidan Ibelin suka fito masa da dokokinsu, suka yaƙi wakilansa fiye da shekara goma. Ranar da zai bar Akka mahauta suka jefe shi da kayan ciki. Ɗansa Konrad da jikansa suna amsa sunan sarkin Ƙudus har 1268, ba wanda ya taɓa taka ƙasar. Ƙudus kanta ta sake kuɓuce musu a 1244. A 1256 Benis da Jenowa suka fara yaƙi a cikin titunan Akka da manjaniƙ, Baraden Haikali na gefe ɗaya, 'Yan Asibiti na ɗayan. Sarki Hugh na Kubrus ya gwada riƙe garin, a 1276 ya tattara ya koma tsibirinsa. Tun kafin nan kowane hakimi da kowace ƙungiya sun riƙa ƙulla nasu sulhun da Baibars, shi kuma yana ɗaukar su ɗaya bayan ɗaya: Antakiya a 1268, sannan Sultan Ƙalawun ya ci Tarabulus a 1289, ɗansa Ashraf Khalil ya ci Akka a 1291.

Auwalu:
Allah ya saka da alheri. Saura tambaya ɗaya: manoman nan da muka faro da su, da Mamluk suka karɓi ƙasar, sun sami sauƙi?

Baba Liman:
Jizya ta sauka daga kan Musulmi, masallatai sun dawo, alƙalai sun dawo birane, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Kason gona kuwa bai daina fita ba, sai dai yanzu sarkin yaƙin da Sultan ya yanka wa ƙauyen ke karɓa. Mutanen gaɓa sun fi kowa shan wuya, don Mamluk sun rushe garuruwan bakin teku da gangan kada jiragen Turai su sake samun masauki. Tarabulus an sake gina ta nesa da ruwa, Asƙalan ta zama kufai, Akka kuwa ba ta farfaɗo sosai ba sai a ƙarni na 18, zamanin Zahirul Umar.